Yadda Na Kayar Da Jirgin Gwaggo A Tsakiyar Falo

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da na kayar da jirgin sama cike da fasinjoji a tsakiyar falona a Ƙanƙara. Ko da ma na so in manta, Gwaggo ba za ta bari ba. Duk suna ko bikin da aka yi a danginmu tun daga ranar, sai ta nemi inda nake zaune, ta nuna ni da baki, ta ce wa mata, "Ga direbanmu can." Su kwashe da dariya, ni kuma in sunkuyar da kai kamar ina duba wani abu mai muhimmanci a waya.

Bari in fara da tona wa kaina asiri. Ni malamin lissafi ne a wata makarantar sakandare, kuma har zuwa yau ɗin nan ban taɓa taka matakalar jirgin sama ba. Iyakata da jirgi ita ce wata rana da motar haya ta bi da mu ta kusa da filin jirgin Katsina, na hango wutsiyar wani ta saman katanga. Amma in ka ji ni a ɗakin malamai ina bayanin yadda ake tashi da sauka, sai ka rantse a sama aka yanke mini cibiya. Abokan aikina Kyaftin suke kirana (na yi kusan wata uku ina ɗauka girmamawa ce).

Abin da ya jawo duk wannan wata manhaja ce ta kwamfuta da ake kwaikwayon tuƙin jirgi da ita. Kana zaune a ɗakinka, allo ya nuna maka ɗakin matuƙa da titin jirgi da gajimare da garuruwa, kai kuma ka tashi ka sauka yadda ka ga dama. Jiragen da ke zuwa tare da manhajar ba su da wuya, maɓalli biyu uku ka danna sai ka gan ka a sama. Ni kuwa da na ɗan goge sai na raina su. Na je na nemo wani babban jirgin fasinja da ake saye daban a ɗora a kan manhajar, wanda aka ƙera shi tamkar na gaske. Duk wani maɓalli da ke cikin ɗakin matuƙansa yana aiki, kuma sun fi ƙarfin ƙirge, har a saman kanka akwai su. In ka manta ɗaya, jirgin ba zai yi maka kara ba.

Kwana tara na yi ina sauke shi, saboda sabis ɗin unguwarmu sai ya ga dama. Kullum bayan la'asar in saɓa kwamfuta a jaka in tafi gindin wata bishiya kusa da tasha, inda sabis ya fi ƙarfi, in zauna kamar mai jiran baƙo. Bayan nan na yi wata biyu ina karatun littafinsa. Na sayi sabon littafin rubutu na kwafe jerin abubuwan da ake dubawa kafin a tashi, layi bayan layi, da jan biro da shuɗi. Sandar tuƙi kuma daga Kano aka aiko mini da ita, direban da ya kawo ta ya juya ta ya sake juyawa, ya tambaye ni wai giyar wace irin mota ce.

Gaskiya ina jin daɗin abina, kuma har gobe ina ji. Ranar Asabar da hantsi, in sola ta cika batir, in haɗa shayina, in zauna in tayar da jirgi a natse, ba ɗalibi ba takardun jarrabawa. Matata Bilki ba ta taɓa hana ni ba. Cewa ta yi gara wannan da zaman majalisa, tunda ko Masar na tafi tana jiyo tarina daga kicin.

To, yanzu ga Gwaggo. Yayar mahaifina ce, ita ta riƙe ni a Mairuwa tun ina shekara huɗu bayan rasuwar mahaifiyata, don haka a wurina uwa ce ba gwaggo ba. Mace ce da ban taɓa ganin tsoro a idonta ba. Da idona na ga ta kashe kububuwa a gindin rumbu da taɓarya, ta share wurin, ta koma ta ci gaba da dakanta. Shekara da shekaru tana kiwon raguna tana suyar ƙuliƙuli da buri guda a ranta, ta ga Ka'aba kafin ta koma ga Allah. A waccan shekarar Allah Ya nufa ta sami kujera. Mun yi murna har da kuka.

Ana cikin haka sai wata maƙwabciyarta da ta taɓa zuwa ta shigo yi mata barka, ta zauna ta ba ta labarin yadda jirginsu ya riƙa faɗawa ramuka a sama, kayan cikin mutane na juyawa, ana ta salati. Washegari Gwaggo ta ce ta fasa. Aka yi lallashi, aka kawo malamai, aka kawo ƙawayenta, ta ce ita dai abin da ba ta san kansa ba ba za ta shige shi ba. Ga shi saura kwana biyu ta je ofishin alhazai a ɗauki hoton yatsunta, in ba ta je ba kujerar ta koma hannun wani. Ga shekaru, ga ciwon gwiwa da ke ƙaruwa kullum. Duk mun sani, ba wanda ya furta, cewa in bana ta wuce ta da wuya a ga wata.

Nan ne fa Kyaftin ya miƙe a taron dangi ya gyara hula ya ce, "Ku bar ni da ita." (Da ma a ce wani ya ja mini riga na zauna.)

Dabarata mai sauƙi ce. Tunda rashin sani ne ya kawo tsoron, zan kawo ta gidana in zaunar da ita, in tayar da jirgi a gabanta daga Katsina in sauke shi a Kano, ta ga komai da idonta. Na je Mairuwa na ɗauko ta. Washegari, wadda ta yi daidai da ranar kasuwar Ƙanƙara, na jona kwamfuta da babbar talabijin ta falo, na jona lasifika na ƙure murya don ta ji rugugin inji sosai. Na ajiye mata kujera mai laushi a gaban allo, Bilki ta kawo mata kunun tsamiya a kofi. Ni kuma na fito cikin farar riga mai gajeren hannu da na goge tun daren jiya, na ɗora abin saurare a kunne, irin mai ɗan makirfo a gaban baki (makirfon ya shekara ba ya aiki, amma wa zai sani).

Gwaggo ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Ɗan nan, asibiti za ka?"

Na ce, "Gwaggo, ki ɗauka kin shiga jirgi. Kujerarki ta gaba ce, kusa da taga. Bayanki duk alhazai ne, ya cika maƙil."

Ta ce, "To, bismillah."

Ga kuskurena na farko: manhajar tana ba ka zaɓi. Kana iya samun jirgin a kan titi, injuna na aiki, tashi kawai ya rage. Kana kuma iya samunsa a mace, komai a kashe, ɗakin matuƙa duhu, kai za ka tayar da shi tun daga batir. Mai hankali da ke son kwantar wa tsohuwa da hankali na farko zai ɗauka. Ni na biyu na ɗauka, don ina so ta ga wahalar da na sha.

Na buɗe littafina na fara. Na kunna batir. Na tayar da ɗan ƙaramin injin da ke wutsiya, na ce mata shi ne janaretan jirgi. Na kunna na'urar da ke gane inda jirgi yake a duniya, wadda ita kaɗai sai ta ɗauki kusan minti goma kafin ta farfaɗo. Na shiga rubuta hanya a ƙaramar kwamfutar jirgin, da nauyin kaya, da yawan mai. Kowane abu sai na karanta shi da ƙarfi in amsa wa kaina, kamar mai biya hadda. Minti arba'in suka wuce jirgi bai motsa ko taku ɗaya ba.

Gwaggo ta yi hamma ta ce, "Har yanzu? Motar Faskari da ake jira ta cika ma ta hi wannan sauri. In ya ƙi tashi ne a tura shi mana."

Abin haushi, daidai lokacin ne aka zo wurin da wata ƙaramar mota ke zuwa ta tura jirgi baya daga inda yake fake. Gwaggo ta ga motar a allo, ta tafa hannu ta ce, "Ka gani ko? Sai da aka tura!"

Na haɗiye abin na ci gaba. Muna tafiya a hankali zuwa titin tashi sai ta yi mini wata tambaya. Ta ce, "To in abu ya rikice maka can sama, ba ka iya tsai da shi ka gyara?"

Nan na yi kuskure na biyu, wanda shi ya ɗaure ni daga baya. Na juyo da fuskar manya na ce, "Gwaggo, sama ba bakin hanya ba ce da za a faka. Jirgi in ya tashi ba tsayawa sai ya sauka. Kuma wannan da na gaske duk ɗaya ne, ba wasa a ciki."

Alhali akwai wani maɓalli a kwamfutar da in ka taɓa shi komai zai daskare cak, jirgi ya tsaya a sama kamar hoto har ka je ka dawo. Kullum ina danna shi in Bilki ta ce abinci ya sauka. Ita kuwa tana tsaye a bakin ƙofa lokacin da na yi wannan cika baki, ta yi gyaran murya sau biyu ta koma kicin.

Tashi kam ya yi kyau, wannan ko maƙiyina zai shaida. Na tura injuna, falo ya ɗauki rugugi har kofin kunu na rawa a kan tebur. Gwaggo ta damƙe hannun kujera tana karanto duk addu'ar da ta sani. Titi ya riƙa gudu, na ja sanda a hankali, ƙasa ta sake mu. Da ta buɗe ido sai ga gonaki a ƙasa an jera su kamar tabarmi, ga hanya siririya, ga gajimare muna ratsa shi. Ta matso gaba kaɗan.

Da muka daidaita na kunna na'urar da ke tuƙa jirgi da kanta, na saki sanda na harɗe hannuwa. Gwaggo ta zabura. "Kai! Riƙe mana! Mi kake yi haka?"

Na yi mata bayani cewa akwai wata na'ura a ciki da ke riƙe jirgin, ba ta gajiya, ba ta gyangyaɗi, kuma mafi yawan tafiyar ita ke yi, matuƙi sa ido kawai yake. Ta zuba wa allo ido tana jiran ta ga ya karkace. Bai karkace ba. Can ta ce, "Ashe akwai mai hankali a ciki." Daga nan sunan na'urar ya zama Mai Hankali. Ta ɗauki kunu ta kurɓa, ta miƙe ƙafafu, har ta fara tambayata ko ta saman Mairuwa za mu bi ta ga ragunanta.

Wallahi a lokacin wani sanyi ya ratsa zuciyata. Matar da ta goya ni, ta yi jinyar ƙyandana, ga ta yau ni nake cire mata tsoro. Na fara tsara yadda zan ba dangi labari, da irin tawali'un da zan nuna in ana yabona.

Muka fara gangarowa Kano. Na saki tayoyi, lasifika ta yi wani gurum mai ƙarfi, Gwaggo ta dafe ƙirji. Na ce, "Kada ki damu, tayoyi ne suka fito. In kin ji wannan ƙarar, an kusa sauka ke nan." Ta gyaɗa kai ta maimaita, "Tayoyi ne." Can nesa ga titin sauka ya bayyana da fitilunsa a jere.

Shi wannan jirgi yana iya sauke kansa. Da na bar Mai Hankali da aikinta, da ta ajiye mu a kan titi lafiya lau, da labarin nan bai kai a rubuta shi ba. Amma sai zuciya ta ce mini, yanzu in na bari, Gwaggo za ta koma Mairuwa ta ce na'ura ce ta yi komai, ɗan nan zama kawai ya yi da farar riga. Sai na ce, "Gwaggo, yanzu zan karɓa da hannuna, ki ga aiki." Na kashe na'urar, na kama sanda. Saura kamar minti biyu mu taɓa ƙasa.

"Salamu alaikum."

Muryar nan ko a mafarki na ji ta sai na gyara zama. Alhaji ne, surukina, mahaifin Bilki. Babban manomi ne a Damari, ya shigo kasuwa da masara. Shekara shida da aurenmu sau biyu tak ya taɓa wuce zaurena, don shi mutum ne mai kiyaye kunya. Ranar dai ya ji a kasuwa cewa Gwaggo na gidana, ya ce bai kamata ya koma bai gai da mai niyyar Hajji ba. Bilki kuma, da murnar ganin mahaifinta, ta ɗaga labule ta shigo da shi kai tsaye.

Duk wanda ya tashi a wajenmu ya san ba a tunani a irin wannan wuri, jiki ne ke yin abinsa. Surukinka na tsaye ba ka zauna a kujera ba. Kafin in san me nake yi na saki sanda, na zame ƙasa na durƙusa, na sunkuyar da kai, allo na bayana. Wajen zamewar ne wayar abin sauraren da ke kunnena ta harɗe sandar ta ja ta gefe. Na ji ta ja. Ban isa in waiwaya ba.

Wani abu kuma game da Alhaji: a duk Damari an san shi da gaisuwa. Ba ya tsallake ko ɗaya, kuma ba ya gaggawa. Kowace tambaya sai ya jira amsarta ta sauka ya ce madalla kafin ya ɗauko ta gaba.

"Malam, mun same ku lahiya?"

"Lafiya lau, Baba. An zo lafiya?"

"Lahiya lau. Ina gajiya?"

"Ba gajiya, Baba."

A bayana wata ƙararrawa ta fara ƙara. Na san ta, ita ce mai cewa jirgi ya karkata fiye da kima.

"Madalla. Ya iyali?"

"Lafiya lau, Baba."

"Ya makaranta? Ya ɗalibai?"

"Alhamdu lillahi, Baba."

Gwaggo ta ce a hankali, "Ɗan nan, titin ya gudu gefe."

Kwamfutar tana kan tebur, taku biyu daga inda nake durƙushe. Maɓallin da ke daskarar da komai yana nan, yatsa ɗaya ya isa. Amma kafin in kai gare shi sai na juya wa surukina baya yana tsakiyar gaishe ni, abin da in na yi za a yi shekara ana maganarsa daga Damari har Sabuwa. In kuma na danna, Gwaggo za ta ga jirgi ya tsaya cak a sama, ta gane ƙarya na yi mata ɗazu, duk abin da na nuna mata ya zama wasan yara. Sai na zaɓi abin da ya fi kowanne muni, na ci gaba da durƙuso ina fatan gaisuwar ta ƙare da wuri.

"Ya muka ji da zahi?"

"Lokacinsa ne, Baba. Ya mutanen Damari? Ya su Hajiya?" (Ka ji ni fa. Ni da ke neman a gama, ni ne na ƙaro wasu. Amma ya zan yi, ba a karɓar gaisuwa a ƙi mayarwa.)

Alhaji ya gyara tsayuwa ya fara ba ni amsa dalla-dalla. Hajiya surukata ta yi fama da mura amma ta warware. Hanya da sauƙi yau, sai dai wajen gada. Ana haka wata muryar Bature ta ɓarke daga lasifikar da na ƙure da hannuna, tana ihu wai ƙasa ta matso, in ɗaga hanci, in ɗaga hanci.

Alhaji ya dakata ya ce, "Malam, kamar ana kiranka a rediyo."

Na ce, "Ba komai, Baba." Gumi na bin farar rigata.

Gwaggo ta ce, "Ɗan nan, ga itatuwa. Ɗan nan, ga gonar wani. Ɗan nan!"

"To madalla, madalla," in ji Alhaji. Sai a lokacin ya juya wajen Gwaggo. "Hajiya, an zo lahiya?"

Na yi wuf na juya na kai hannu. Abin da na gani na ƙarshe wata bishiyar ɗorawa ce ta cika allo. Lasifika ta yi wata ƙara da ta sa kajin Bilki suka watse a tsakar gida, allo ya yi baƙi ƙirin, falo ya yi tsit.

Ina durƙushe, hannu ɗaya a miƙe, abin saurare ya zamo ya rataye a kunne guda. Gwaggo ta ajiye kofin kunu a hankali.

"Ɗan nan, a wace kujera ka ce nike?"

Na ce, "Ta gaba, Gwaggo. Kusa da taga."

Ta juya ta dubi Alhaji ta ce, "To Alhaji, ka zo a daidai. Sai ka yi wa dangi gaisuwar mutuwa, yanzun nan ɗan nan ya kashe ni, ni da alhazai jirgi guda."

Daga kicin na ji murfin tukunya ya faɗi, na ji Bilki na ƙoƙarin danne dariya har tana tari. Na so ƙasa ta buɗe in shige. Amma kunyar ba ita ta fi damuna ba. Abin da ya tsaya mini a ƙirji shi ne na kawo matar nan don in cire mata tsoro, na ƙare da nuna mata ainihin abin da take tsoro, da ƙara da komai. Na ce a raina shi ke nan, na rusa mata Hajji da hannuna, kiwon shekara da shekaru ya tafi saboda ina so a ce na iya. Idona ya ciko da ƙwalla, ba wasa ba.

Alhaji ya zauna, ya nemi a yi masa bayani. Na yi masa daga ƙasa inda nake. Ya dubi allo, ya dubi sanda, ya daɗe yana duban farar rigata, sannan ya ce, "Ashe wannan ne aikin da Bilki ke cewa kana yi ran Asabar."

Sai ya juya wajen Gwaggo. Ya ce shi sau biyu Allah Ya kai shi, kuma duk zuwa da dawowa bai taɓa ganin fuskar direban jirgi ba. Suna can gaba a ɗakinsu, su biyu, an kulle ƙofa, ba mai shiga.

Gwaggo ta ce, "Ba mai shiga? Ko baƙo ya yi sallama?"

"Ba mai shiga, Hajiya."

"Ko surukinsa ne?"

Alhaji ya yi murmushi ya ce, "Ko ubansa ne."

Gwaggo ta riƙa juya carbi. Can ta dube ni. "Ɗan nan, tun da Mai Hankali ke riƙe da shi, ko kununa bai zube ba. Wa ya aike ka ka karɓe mata?"

Na ce, "Ba kowa, Gwaggo."

"Namu na gaske, akwai Mai Hankali a ciki?"

"Akwai, Gwaggo. Wadda ta fi wannan."

"Kuma ba kai za ka tuƙa ba?"

"Ba ni ba ne, Gwaggo."

Ta sauke ajiyar zuciya ta ce, "To alhamdu lillahi. Gobe ka kai ni in dangwala masu yatsan."

Haka aka yi. Na kai ta da sassafe a bayan babur, tana ta faɗa mini in riƙe da hannu biyu.

Gwaggo ta je ta dawo lafiya, da haƙorin Makka da komai. Ranar da muka je taro ta, bayan an watse, ta kira ni ɗaki ta ce in zauna. Ta ce da suka kusa sauka, jirgi ya yi wannan gurum ɗin, wata mata 'yar Faskari da ke kusa da ita ta ƙwalla salati ta riƙe ta tana kuka. "Sai na ce mata, ke, natsu, tayoyi ne. Ɗana ya nuna mani." Ta ce da ta ga Ka'aba, bayan iyayenta ni ta fara yi wa addu'a. Na sunkuyar da kai kamar ranar da Alhaji ya shigo.

Sannan ta jawo jaka ta miƙo mini tsarabata a leda. Na buɗe, sai ga ɗan jirgin roba mai batir, irin wanda ake saya wa yara, in ka kunna ya yi ta zagaye yana walƙiya. Ta ce, "Ga naka. Wannan ko ya hwaɗi ba kowa a ciki."

Yana nan a kan teburina kusa da sandar tuƙi. Har yanzu ina tashi duk Asabar da hantsi, da shayina da littafina, kuma saukata ta yi kyau sosai, sai dai ba mai shaida. Abin da na koya bai da yawa: in Mai Hankali na riƙe da abu, in bar mata. Kuma ban ƙara tayar da jirgi ranar kasuwar Ƙanƙara ba, sai na tambayi Bilki ko Alhaji ya shigo gari.